Tukuna da Gidan da Auta Ya Gina

Kafin masu shagunan layin su gama share ƙofofinsu, Tukuna ya riga ya iso, jaka a kafaɗa, tabarau a goshi. Amma ba ya buɗe shago kai tsaye kamar sauran bayin Allah. Sai ya tsaya ya jijjiga kwaɗon da shi da kansa ya kulle jiya, ya duƙa ya leƙa ramin mukulli, ya dubi ƙasa ko akwai sawun da bai sani ba. In ya shiga, ya shinshina iskar ɗakin ko wata waya ta ƙone, ya taɓa soket da bayan hannu, sannan ya kunna fankarsa mai kukan nan. Sai bayan duk wannan yake amsa gaisuwa. In ka ce masa, "An tashi lafiya?" sai ya ce, "To, bari mu gani tukuna."

Daga nan sunan ya samo asali, ya bi shi har ya cinye na gaskiyar. Matarsa ma, in ya ɓata mata rai, Tukuna take ce masa.

Shagon ɗan ƙuƙumi ne a ƙarƙashin matakalar bene: tebur ɗaya, benci ɗaya, wayoyi rataye a ƙusoshi. Aikinsa shi ne sa wa mutane wasanni a kwamfuta, da lallashin wasan in ya ƙi tashi. Wani zai ce, wannan ma aiki ne? Aiki ne, har da gumi. Wasannin yanzu ba a faifai suke zuwa ba. Kamfanin da ya yi wasa yana da wata manhaja tasa, 'yan layin suna ce mata lanca, ita ce mai gadin ƙofa. Ta nan kake shiga da akawun ɗinka, ta nan wasa yake sauka daga intanet, ta nan ake sabunta shi, kuma ita ce take ɗaukar kwafin inda ka tsaya a wasan ta kai ma'ajiyar kamfani. Ranar da mai gadin nan ya yi fushi, ga wasanka kana gani, naka ne halak malak, amma ba hanyar shiga. Ranar ce ake neman Tukuna.

Shekara da shekaru yana wannan aiki, kuma har yau bai yarda da komai a cikinsa ba. Bai yarda da filas ɗin kowa ba, wato ɗan abin nan da ake zuba fayiloli a ciki a soka a jikin kwamfuta. Bai yarda da saƙon da ke cewa "an gama" ba, sai ya buɗe wasan ya gani da idonsa. Wasan kyauta kuwa, ko sunansa ba ya son ji. Samari kan zo masa da ɗoki, "Baba, abokina ya ba ni wannan, ba sai an bi ta lanca ba, kyauta ne." Sai ya riƙe filas ɗin da yatsa biyu kamar mataccen ɓera, ya ce, "Shi abokin naka wa ya ba shi? Shi kuma wanda ya ba shi, ƙanin babansa ne? Banza ba ta kai zomo kasuwa, yaro. Ɗauke abinka." Ba wanda ya san macijin da ya taɓa sararsa, amma ko tsumma ya gani sai ya ja da baya.

Ƙa'idarsa guda ce, ba ya karya ta ko don ɗan uwansa. Duk kwamfutar da aka kawo, kafin ya kunna ta sai ya raba ta da intanet. In mai waya ce ya zare wayar, in ta iska ce ya kashe na'urar intanet ɗin shagon ɗungurungum. Sannan ya kunna, ya nemo fayilolin da ke riƙe da inda mutum ya tsaya a wasansa, ya kwafe su gefe, kafin ya taɓa komai. Ya ce kwamfuta kamar ɗan aike ce, in kana son gaskiya daga bakinta, ka tambaye ta kafin ta gana da uban gidanta.

To, ka san mutane. Wanda bai yarda da kowa ba, shi ma ba a yarda da shi. An daɗe ana gulmarsa a layin. Don me yake yanke intanet, in ba wani abu yake ɓoyewa ba? Me yake kwafa? Idan za ka sa lambobin sirrinka, yakan tashi ya juya wa allo baya, ya fuskanci bango har ka gama. Sai aka ce ai akwai ɗan madubi a bangon. Wani ma ya rantse ya gani. Aka je aka duba, kalanda ce ta shekarar da ta wuce. Aka ce to, madubin yana bayan kalandar. Maƙwabcinsa, mai shagon da falle ɗaya na katako ya raba su, shi ya fi kowa tsokanarsa. Yanzu-Yanzu ake ce masa, don maganinsa ɗaya ne ga kowace cuta: a goge kwamfuta tas, a sake sa komai sabo, mai kaya ya tafi kafin shayinsa ya huce. Yakan leƙo ya ce, "Kawu, wannan kwamfutar aure za ka yi mata ne? Tun safe kake binciken asalinta."

Amma masu kaya sun san abin da suka gani. Akwai wanda lancarsa ta yi ta juyi ta ƙi shiga, an ce masa akawun ɗinsa aka sace, ya zo yana huci. Tukuna ya dubi kusurwar allo ya ga agogon kwamfutar ya koma wata shekara can baya, ya canza ɗan batirin ciki, ƙofa ta buɗe. Akwai wadda wasanta ke mutuwa da an kunna, ya gano manhajar kashe bairos, cutar kwamfuta, ita ce ta haɗiye fayil ɗaya bisa kuskure, ya sa lanca ta duba fayilolin ta maido wanda ya ɓata, ba tare da an sake sauke dukan wasan an ƙone data ba. Irin waɗannan ba su ƙirguwa. Amma wanda ya sa aka ga ya wajaba a yi wannan rubutu, labarin gidan Inna ne.

Wata ranar aiki da hantsi, wata mai ɗinki ta shigo layin da mijinta, direban motar haya, yana rungume da kwamfutar tebur naɗe a bargo. Shagon Yanzu-Yanzu suka fara shiga, don shi ne a bakin hanya. Tukuna yana jin su ta katako.

Kwamfutar ta ƙaninta ce, autan gidansu, wanda ya rasu watannin baya bayan gajeriyar jinya. Mahaifiyarsu, Inna, tsufa ya fara cin tunaninta, wani lokaci ko 'yar tata ba ta ganewa. Gidan da ta yi zaman aure a ciki ta haifi 'ya'yanta an rushe shi tuntuni da aka faɗaɗa titi. Shi Auta yana da wani wasa na gine-gine, sai ya zauna ya gina mata gidan nan a ciki, ɗaki bayan ɗaki, yana tambayarta ina taga take, ina rijiya, ina bishiyar tsakar gida. Kullum da yamma yakan zaunar da ita gaban allo ya zagaya da ita, hankalinta ya kwanta ta ci abinci. Bayan rasuwarsa yayar ta koyi buɗe wasan, ta ci gaba da yi mata. Sai ranar nan lanca ta ƙi, ta ce sai an haɗa ta da intanet an tabbatar da mai akawun. Tun daga ranar Inna take ɗaure kayanta ta tsaya a bakin ƙofa, wai a kai ta gida. Sau ɗaya ma ta sulale, aka tsince ta tsaye a gefen babban titi, motoci na wucewa ta inda ɗakinta yake a da.

"Ƙaramin aiki," in ji Yanzu-Yanzu. "A goge, a sa sabo. Komai yana ma'ajiyar kamfani, zai dawo da kansa."

Tukuna bai taɓa ƙwace wa maƙwabci ciniki ba. Ranar dai ya buga katakon da tafin hannu har ƙusa ta faɗi. "Tukuna!"

Aka kawo kwamfutar teburinsa, Yanzu-Yanzu ya biyo baya yana dariya don ya ga ƙarshen wasan. Tukuna ya kashe intanet, ya kunna ta, ya shiga laluben fayiloli. Direban ya tsaya a kansa, hannu a ƙugu.

"Malam, me kake kwashewa? Ni ban san komai a kwamfuta ba, amma an gaya mini halinku. Ku kwafe akawun ɗin mutum ku sayar."

"Haba, Baban yara," in ji matar.

"Bar shi, 'yata, gara ya tambaya," in ji Tukuna. Ya ɓare sabon filas daga ledarsa a gabansu, ya zuba abin da ya kwafa, ya miƙa wa mai ɗinkin. "Sa a jakarki, ki ja zif. Ko ni na ce ki ba ni, ki tambaye ni dalili."

Ya haɗa intanet. Ya tashi ya fuskanci kalandarsa don ta sa lambobin sirrin da Auta ya koya mata. Bai kai ga buɗe baki ya yi bayanin abin da zai biyo baya ba, sai ya ji direban a bayansa yana cewa, "Ɗauko wayar Auta, yanzu za su turo wata lamba." Tukuna ya ci gaba da kallon bango. Mutumin da ya ce bai san komai a kwamfuta ba, a ina ya san za a turo lamba, kuma a wayar wa? Ruwa ba ya tsami banza. Ya riƙe abin a ransa, ya dawo ya zauna.

Lanca ta buɗe, ta sabunta kanta, sannan ta fito da tambaya a tsakiyar allo. Ta ce ta ga ajiya biyu na wasan nan da ba su yi daidai ba: ɗaya a cikin kwamfutar, tsohuwa, ɗaya a ma'ajiyar kamfani, sabuwa. A zaɓi ɗaya. Wadda aka zaɓa za ta hau kan ɗayar ta shafe ta.

"Sabuwa mana," in ji Yanzu-Yanzu daga bakin ƙofa. "Kawu, wannan ma sai an yi istihara?"

"Danna sabuwar, Malam, ina da fasinja," in ji direban.

Tukuna ya sauko da tabarau daga goshi, ya matsa har hancinsa ya kusa taɓa allo. "'Yata, yaushe kika ce ƙaninki ya rasu?"

Ta faɗa masa watan.

"Allah ya ji ƙansa. Wannan sabuwar, makon jiya aka yi ta. Mamaci ba ya wasa. Kuma dubi girmanta, ko ɗakin kaji ba zai shiga cikinta ba, balle gida da rijiya."

Ya buɗe baki zai ƙara bayani, cewa ga alama Auta ya kashe aika kwafi zuwa kamfani don tattalin data, kamar yadda samari da yawa ke yi, don haka gidan bai taɓa barin cikin kwamfutar nan ba. Bai ƙarasa ba. Direban ya miƙa hannu ta kan kafaɗarsa, ya cafki maus, linzamin kwamfutar, ya danna sabuwar.

Wasan ya buɗe. Fili fetal, ciyawa har iyakar gani, ko tubali ɗaya babu.

Mai ɗinkin ta dafe kai ta zauna a ƙasa, ba ta ko nemi benci ba. "Innalillahi. Gidan Inna. Me zan ce mata?" Yanzu-Yanzu ya daina dariya. Direban ya ɗaga murya fiye da yadda ɗakin ke buƙata, "Kin gani ko? Na gaya miki kar mu kawo wa mutanen nan! Sun lalata!" Amma gumi ne ke bin wuyansa, ga fanka tana kaɗawa a kansa.

Tukuna ya miƙa hannu ya zare intanet, ya rufe wasan, ya juya wurin matar. "Ba ni filas ɗin."

Ta ɗago da jajayen idanu. Ko a cikin kukan ba ta manta ba. "Don me, Baba?"

"Madalla da ke. Don in mayar da gidan inda yake."

"Zai dawo?"

"Bari mu gani tukuna."

Ba don ya ja mata rai ya faɗi haka ba, shi kansa bai tabbata ba. Ya sha ganin lancar da ta ƙi karɓar fayil ɗin da aka maido, ya sha ganin kwafin da ya lalace a hanya. Ya kama maus. Ya cire ajiyar filin, ya zuba ta filas a gurbinta, ya sake haɗa intanet. Tambayar ta sake fitowa. Wannan karon ya tare maus ɗin da jikinsa duka, ya zaɓi tsohuwa.

Allo ya yi duhu, ya daɗe a haka. Sannan ga ƙofar gida shuɗiya, ga bishiya, ga bakin rijiya da guga a kai.

Da ta gama kukan da ya biyo baya, wanda ya fi na farko ƙarfi, sai zargi ya taso mata. "To wa ya shiga akawun ɗin ƙanina makon jiya? Baba, kai ka sani. Ɓarayi ne? Faɗa mini." Ta dubi Yanzu-Yanzu, shi kuma ya fara rantsuwa tun ba a tuhume shi ba. Direban ya zuba wa takalminsa ido.

Tukuna ya ce, "Zargi ina da shi, 'yata, buhu-buhu. Amma zargi ba shaida ba ne. Za mu canza lambobin sirri, ke kaɗai ki sani. Gida ya dawo, ki bar sauran."

Bayan kwanaki direban ya dawo shi kaɗai, ya zauna a bencin nan ya faɗi abin da Tukuna ya riga ya sani, kuma shi da bakinsa ya yarda a rubuta. Ganin halin da surukarsa ke ciki ne ya sa ya ari kwamfutar wani abokinsa a ɓoye, ya shiga akawun ɗin Auta don ya buɗe mata gidan ya burge matarsa. Sai ya tarar da fili. Ya ɗauka shi ne ya rushe gidan da hannunsa. Tsoro ya hana shi faɗa, ya ga gara asarar ta bayyana a shagon mai gyara, laifi ya hau kan wani. Tukuna ya saurare shi har ƙarshe, ya ce, "Niyyarka ta farko mai kyau ce. Ta biyun kuma, je ka gaya wa matarka da kanka, ni ba ɗan aike ba ne."

Kai ne wannan, Tukuna. Kai ne mai zargin kwaɗon da ka kulle da hannunka, amma ba a taɓa jin ka tozarta mutum da zarginka ba. An ce kana da madubi a bango, an ce kana sayar da akawun, ka ji duka ka ci gaba da juya baya kana kallon tsohuwar kalanda. Mai tambaya kafin dannawa, na gaban masu gaggawa, sannu da aiki.

A ranar da gidan ya dawo, Tukuna bai yarda su tafi da kwamfutar su kaɗai ba. Ya ce bai amince za su haɗa wayoyin daidai ba. Ya kulle shago da rana tsaka, abin da bai taɓa yi ba, ya bi su. Ɗakin Inna ƙarami ne, gado da kujerar roba, ga ƙullin kayanta a bakin ƙofa. Ya haɗa komai, ya saita lanca yadda za ta daɗe ba ta nemi intanet ba, ya zauna a kujerar da Auta ke zama. Aka kamo tsohuwar aka zaunar kusa da shi. Ta daɗe tana kallon ƙofar shuɗiya. Ya tura gaba a hankali, suka shiga tsakar gida.

"Bi a hankali," in ji ta. "Akwai ɗan tudu a ƙofar kicin, kullum sai ka yi tuntuɓe."

Ya duba. Ga tudun nan kuwa, Auta bai manta da shi ba.

Ta dafa gwiwarsa ba tare da ta ɗauke ido daga allo ba. "Auta, ina ka shiga ne kwana biyu?"

Mai ɗinkin ta toshe baki da gyale. Kowa ya san Tukuna, ko sunan wasa ka faɗa ba daidai ba sai ya gyara maka. Amma sai ya ce, "Na'am, Inna. Ga ni na dawo."

Yanzu idanunsa sun gaji. Likita ya ce ya rabu da allo. Bai yarda ba, ya je wurin wani likitan, shi ma ya faɗi haka, har yanzu yana zargin sun haɗa baki. Ƙarshen watan nan zai miƙa mukullin shagon. Layin zai yi kewar fankarsa da jijjigar kwaɗonsa. Yanzu-Yanzu kuwa, in ya ɗauka ba mai kallonsa, yakan zare waya kafin ya kunna kwamfutar mutane.

Mun gode, Tukuna. Allah ya saka maka da alheri, ya ƙara wa idanunka haske, ya sa ka huta cikin 'ya'ya da jikoki. Ku kuma masu tasowa a wannan sana'a, ku ɗauki darasi. Abin da aka ɗora muku a tebur naɗe a bargo, ba ku san gidan wa ke ciki ba. Ku kwafa kafin ku taɓa, ku tambaya kafin ku danna, in kun yi zargi ku bincike na'ura ku rufa wa mutum asiri.

Shago zai bari, amma akwai aiki ɗaya da ya ce ba zai ajiye ba. Duk ƙarshen mako da yamma yana zuwa ɗakin nan ya zauna a kujerar roba. Ba ya ganin allon sosai yanzu, inuwa-inuwa kawai. Inna ce ke yi masa jagora: yi hagu, tsaya, ga rijiya, ɗaga ƙafa akwai tudu. Tsohuwar da ta manta sunan 'yarta, ita ce mutum ɗaya a duniya da in ta ce masa "wuce", yake wucewa bai ce tukuna ba.